Sanarwar Rasuwar Mai Tari, Wadda Ƙofar Sito Ta Kashe

Da zuciyar da baƙin ciki ya cika har ya tumbatsa, da hannun dama naɗe da bandeji, da ragowar fushin da bai gama hucewa ba, iyalan shagon walda na bakin kwana suna sanar da 'yan uwa da abokan arziki rasuwar abar ƙaunarsu, kwamfutar tafi-da-gidanka da aka fi sani da Mai Tari. Ta rasu ranar Talata da hantsi a farfajiyar wani sabon sito, bayan ƙofar ƙarfe mai tsawon mita shida ta same ta a kan kujera ta raba ta gida biyu. Gaskiya ne ta daɗe tana fama da tari, amma duk wanda ya ce muku tarin ne ya yi ajalinta ƙarya yake yi. Kashe ta aka yi, kuma za a faɗi wanda ya kashe ta kafin takardar nan ta ƙare.

Mai wannan sanarwa ita ce Auta, uwar ɗakin marigayiya, 'yar Baba mai walda, ƙanwar Yaya. Da hannun hagu take rubutu, don haka a yi haƙuri da karkatar layi. Tana kuma kiran kanta da suna kamar wata baƙuwa, saboda akwai wurare a gaba da bakinta ba zai iya cewa ni ba.

Marigayiya bazawara ta zo gidan nan. Ta yi zama a ofis biyu kafin ta faɗo hannun Auta shekara biyar da suka wuce, madanni biyu sun fice mata kamar haƙoran tsohuwa, batirinta kuma ba ya kai minti arba'in. Aka ajiye ta a kan teburin ƙarfe na ƙuryar shago, tsakanin gwangwanin fenti da akwatin kusoshi, kuma a nan ta ga rayuwa. Tartsatsin walda ya huda mata murfi wuri bakwai. Yaya ya mayar da bayanta wurin ajiye kofin shayi. Sau biyu wayar injin yanka tana fizgo ta ƙasa, ta tashi ta ci gaba da aiki. Ita kanta Auta, Allah ya yafe mata, ta sha ɗirka mata dundu idan ta tsaya cak ana tsakiyar zane, ta zage ta tas, ta zagi wanda ya ƙera ta, ta zagi jirgin da ya kawo ta. Marigayiya ba ta taɓa ramawa ba. Iyaka ta ce “ɗin!” ta ci gaba.

Garin ƙarfen shagon ne ya cika mata fanka ya sa mata ciwon da ta samo suna da shi. Da an kunna ta da safe sai ta gaida mutane da “tilin-lin,” ta yi shiru kamar mai tunanin ko ta koma barci, sannan ta fara: “kyarr, kyarr, ƙuf.” Idan aiki ya yi nauyi kuwa har mai shagon taya na maƙwabta yana jin ta, ya aiko a yi wa mara lafiya sannu.

Ga wanda bai san sana'ar marigayiya ba, a cikinta Auta ke gina ƙofa tun kafin a taɓa ƙarfe. Akwai manhajar zane da ke fito da abu da tsawonsa da faɗinsa da kaurinsa, a juya shi a duba ta ko'ina. Kowane abu da aka zana a ciki yana da wani ɗan ɗigo, bai fi ƙwayar gero ba, wanda a kansa yake juyawa. Auta cibiya take ce masa. Manhaja ba ta san ƙofa ba, ba ta san tebur ba, inda aka sa mata cibiya nan take juya abu. Sai mai zane ya ɗauki ɗigon da kansa ya ɗora shi daidai kan sandar da ƙofa za ta rataya, sannan in ya buɗe ta a gilashin kwamfuta ya ga iyakar inda bakinta zai share. In kuma an matsar da sandar daga baya, ɗigon ba ya bin ta, sai an koma an ɗauko shi. Wannan shi ne darasin farko a aikin, kuma Auta ta sha koya wa wasu shi tana yi musu tsawa.

Shekara arba'in Baba ne ke awo a shagon nan, Yaya ke yanka da walda tun da ya tasa. Amma ido ya fara gaza Baba, gwiwa kuma ta riga ido. Da aikin ƙofar siton ya shigo, wanda ya fi kowane aiki da shagon ya taɓa gani, sai Baba ya tara 'ya'yansa biyu ya yanke magana. Ya ce Auta ce za ta zana, in ƙofar ta tsaya ta buɗu lafiya to daga ranar awo da zane sun zama nata, abin da ta zana shi Yaya zai yanka, ba musu. Auta shekara biyar tana jiran wannan magana, tana zane ana cewa wasa take yi. Yaya kuwa ya yi jifa da guduma har ta fasa bulo a bango. Ya rantse ba zai karɓi umarni daga yarinyar da ya goya ba, balle daga farantin da ke tari. Baba bai ko ɗaga kai ba, ya ce masa ya je ya ɗauko gudumar.

Ƙofar ba a gefe take rataye ba, don nauyinta ya wuce haka. A kan wata sanda mai kauri take juyawa, da boris masu sa ta juya sumul sama da ƙasa, sandar kuma tana mita biyu daga gefe. Haka Auta ta zana, ta ɗora cibiya a kan sandar, Mai Tari ta yi tari ta buɗe ƙofar a gilashi sumul. Ranar Juma'a sai ga mai sito ya shigo da sabuwar magana, wai manyan motocinsa ba za su wuce ba, a matsar da sandar mita ɗaya zuwa gefe hanya ta ƙara faɗi. Yana tsaye a kanta yana kaɗa makullin mota, Yaya ya kunna injin yanka daidai kunnenta da gangan, Auta ta ja sandar ta kai inda aka ce, ta fitar da sabon awo ta miƙa, ta rufe murfi.

Ranar Talata mota mai ƙugiya ta ɗaga ƙofar aka ɗora ta a kan sanda, aka ɗaure ta da sarƙa a rufe. Direbobin mai sito da leburorinsa sun cika farfajiyar, kowa ya zo kallon aikin mace. Auta ta buɗe marigayiya, ta karanta inda bakin ƙofa zai bi, ta auna daga bango ta ja farin layi da alli a ƙasa. Ta ɗauko kujerar Baba ta ajiye taku ɗaya bayan layin, gaban wani tulin bulo inda akwai inuwa, ta ce ya zauna ya sha kallo.

Baba bai zauna ba. Ya laluba aljihu ya fito da zare da ƙusa, ya ɗingisa ya ɗaura zaren a gindin sanda, ya ja shi zuwa bakin ƙofa, ya riƙe ƙusa a nan ya fara karce ƙasa yana zagayawa. Kowa ya bi ƙusar da ido. Ta tsallake farin layin Auta, ta bi ta bayan kujera, ta dangana da tulin bulo. Tsakanin layin uba da na 'ya mita guda cif, kujera kuma a tsakiya.

Dariya ta fashe. Wani direba har da riƙe ciki, Yaya kuwa ya fi kowa, yana buga cinya. Kunnuwan Auta suka yi zafi, idonta ya rufe. A gaban mutane ta gaya wa mahaifinta cewa zare yana miƙewa, kwamfuta ba ta miƙewa, kuma karen bana shi ke maganin zomon bana. Wallahi ta faɗa, ba za ta ɓoye ba, kuma da bakin nan yana ciruwa da ta cire shi ta jefar.

Baba ya dube ta, ya dubi mazan da ke dariya ɗaya bayan ɗaya. Sai ya naɗe zarensa a hankali ya mayar aljihu, ya taka ya je ya zauna a kan kujerar, ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya. Ya ce inda Auta ta ja layi nan ƙofa za ta tsaya, a buɗe. Dariyar ta ɗauke. Yaya ya ce Baba ya tashi tukuna, Baba ya ce ba ya tashi. Yaya ya sake faɗa da ƙarfi, Baba ya yi masa daƙuwa a gaban jama'a ya tambaye shi ko shi ya haife shi. Ran Yaya ya ɓaci, ya fizge sarƙar, ya ɗaga ƙafa ya narka wa ƙofar shuri don ya huce. Ya manta shi da hannunsa ya cika boris da man giris da safe, ya manta kuma ba a gama daidaita sandar ba, tana ɗan kwance ta wajen farfajiya. Ƙofar ta taso.

Auta tana tsaye gefen kujera da marigayiya buɗe a hannun hagu, tana son nuna wa mai sito yadda gilashi da zahiri za su tafi tare. Ta danna, ƙofar gilashi ta juya, Mai Tari ta yi wani tari da ba ta taɓa yin irinsa ba, “kyarrrr,” Auta ta kai ido. Ga sanda a sabon wurinta. Ga ɗigon can a tsohon wuri, mita guda daga sandar, yana reto a iska ba komai a ƙarƙashinsa. Tun Juma'a ƙofar cikin gilashi a kan iska take juyawa, shi ya sa hannunta ya gajarta. Ta ƙarfe kuwa a kan sanda take juyawa, kuma ga ta nan tana zuwa, ba ƙara, ba gaggawa, tana ƙara gudu.

Baba ya yunƙura zai tashi, gwiwa ta ƙi. Hannu biyu Allah ya ba Auta, ɗaya yana riƙe da Mai Tari, Baba kuma ba mutumin da ake ja da hannu ɗaya ba ne. Ta saki Mai Tari a cinyar Baba. Ta cakumi hannun mahaifinta ta fizge shi da ƙarfin da ba ta san tana da shi ba, ta ji kafaɗarsa ta yi ƙara a tafinta, suka zube tare a kan tsakuwa. Marigayiya ta zame daga cinyarsa ta faɗa kan kujerar, a buɗe, fuskarta tana kallon abin da ke zuwa.

Bakin ƙofar ya tafi da takalmin Baba ɗaya, ya kwashi kujera da wadda ke kai ya maka su da tulin bulo. Kujerar ta zama itacen wuta. Murfin marigayiya ya rabu da gangar jikinta ya yi sama, gilashin ya tarwatse har cikin gashin wani lebura, madannai suka watsu a farfajiya kamar an zubar da tsaba. Ƙofar ta ja baya ta dawo ta sake takawa, sai ka ce an gaya mata akwai saura. Abin da aka ji daga bakin marigayiya shi ne “ƙwas.” Bayan ƙura ta lafa fankarta ta juya sau biyu a cikin ɓaraguzai, “kyarr, kyarr,” ta tsaya.

Abin da ya biyo baya ba abin alfahari ba ne, amma sanarwa ba ta ƙarya. Auta ta miƙe ba ta ko dubi Baba ba, ta yi kan Yaya da gudu ta zuba masa naushi a baki, haƙorinsa na gaba ya fita ya bar mata tsaga a yatsu uku, wanda shi ne dalilin bandejin nan. Yaya ya shaƙe mata wuyan riga, ta cije shi a dantse, suka faɗa cikin kwaɓaɓɓen siminti suna birgima, tana kiransa mai kisan kai, yana kiranta mai kisan uba. Direba uku suka shiga rabo, ɗaya ya fito da kumburarren ido. Mai sito ya shige motarsa ya kulle. Duk wannan Baba yana kwance da kafaɗa a goce ba wanda ya tuna da shi, sai da ya cire takalmin da ya rage ya jefe su da shi ya sami Yaya a ƙeya, sannan hankali ya dawo aka kai shi asibiti.

An tattara gawar a buhun siminti aka kai wa mai gyara. Ya leƙa ciki ya daɗe, ya ce shi marasa lafiya yake dubawa, wannan kuwa niƙa ce. Ya tabbatar har ma'ajiyar da ke cikinta ta tsage, zanen shekara biyar ya bi ta, ƙofofi da tagogi da matakalai da ba a kai ga ƙerawa ba.

Yanzu maganar wanda ya yi kisan. Yaya yana da kasonsa, shi ya yi shuri. Mai sito yana da nasa, shi da makullin motarsa. Amma wadda ta kashe Mai Tari Auta ce. Marigayiya ba ta taɓa yi mata ƙarya ba. Kwana huɗu ɗigon nan yana fili a gaban idonta, ba a ɓoye ba, ta nuna ba a duba ba. An matsar da sanda an bar cibiya, kuskuren da Auta ta sha yi wa 'yan koyo dariya a kansa. Ta yi shi a aikin da ya fi kowane aiki, ta kuma ɗauki kujerar ubanta da hannunta ta dasa a bakin mutuwa, har tana zaɓar masa inuwa.

Abin da ya fi ci mata rai shi ne Baba ya sani. Shi ya ja zaren, ya san inda ƙofar za ta bi ƙwarai. A hanyar dawowa daga asibiti, hannunsa rataye a wuya, ta tambaye shi me ya sa ya zauna. Ya ce ya ga ƙarti suna yi wa 'yarsa dariya ne ƙafafunsa suka kai shi, kuma ya yi lissafin in ƙofar ta matso zai miƙe ya kauce abinsa, sai dai ya yi lissafin da gwiwar da yake da ita shekara talatin baya. Auta ta yi kuka, kukan haushi, ta so a ce ya kwaɗa mata mari ko ya yi mata baki, da ta fi samun sauƙi. Ta ce masa ta janye, awo ya koma hannunsa ko na Yaya, ita ba ta cancanta ba. Baba ya yi kamar bai ji ba, ya tambayi inda za a binne kwamfutar.

Marigayiya ta rasu ta bar mijinta caja, wanda tun ranar yake maƙale a bango yana zafi ba shi da wanda zai ba wuta. Ta bar ɗa guda, linzamin da ake juya kibiya da shi, da ya tsira don an manta shi a shago, yana nan yana kunna jar fitilarsa yana neman uwa. Akwai jakarta, wadda ba mai iya kallonta saboda har yanzu tana riƙe da siffarta. Akwai kuma wani ɗan filas na kwamfuta da aka saya tun bara don a riƙa kwafe aiki a ciki, ba a taɓa cire shi daga leda ba. Shi ba a gayyace shi ba.

Ana karɓar gaisuwa a shago daga safe zuwa la'asar. Ana roƙon masu zuwa su kiyaye harshensu, don uwar ɗakin marigayiya tana zaune kusa da akwatin guduma kuma hannun hagunta lafiya lau yake. Duk wanda ya zo ya ce ai ƙarfe ne kawai, ko ya ce gara da abin ya tsaya a kan kwamfuta, ko ya buɗe baki zai karanto mata abin da babba ya hango da yaro da rimi, to ya tabbata ya zo da mai mayar da shi gida. Ta san duk wannan, ba ta buƙatar a gaya mata. Direban da ya riƙe ciki yana dariya kada ya zo ko kusa da layin. Mai sito in ya ga dama ya aiko, ƙofarsa tana nan tana buɗuwa lafiya, ko ƙwarzane ba ta yi ba, 'yar banza.

Za a binne marigayiya a bayan shago, gindin bango, inda ake jingine ragowar ƙarafa. Mai shagon taya ya ba da akwatin katako. Baba ya ba da umarni daga kan benci cewa Auta ce za ta auna kabarin, inda ta ja layi nan Yaya zai haƙa, kuma haka za a yi a aikin mako mai zuwa da wanda ke bayansa. Yaya ya roƙa, iska tana fita ta gurbin haƙorinsa, ko Baba zai ɗan duba awon kafin a sa diga. Baba ya ce shi ya gama duba awo a duniya, ya juya fuska bango.

Ba a sa lokaci ba tukuna. Tun safe Auta take tsugune a bayan shago, kabarin da bai fi taku biyu ba ta auna shi sau tara, kowane karo awo ɗaya yake ba ta, amma ba ta ja layin ba. Yaya yana tsaye a rana da diga a kafaɗa, bai zauna ba, bai kuma ce ta yi sauri ba. Za a binne Mai Tari da zarar ta ja.